Ciwon da ke kama babban yatsan ƙafa cikin dare: amsa ga mai tambaya

Wani bawan Allah ɗan kasuwa mai shekara 54 ya aiko da tambaya, yana cewa kwana biyu bayan Babbar Sallah ya farka da misalin ƙarfe biyun dare da wani irin raɗaɗi a gindin babban yatsan ƙafarsa ta dama, wurin ya kumbura, ya yi ja, ya ɗau zafi, har ko mayafi ba ya iya bari ya taɓa shi. Wannan shi ne karo na uku cikin shekara guda, kuma kowane karo maganin kashe zafi yake saya a kemis, bayan mako guda ciwon ya lafa. Yana shan maganin hawan jini tun shekara shida da suka wuce. Wasu sun ce masa targaɗe ne, wasu sun ce sanyin ƙashi ne, wasu kuma sun ce wani abu ya taka. Da aka auna jininsa an samu sinadarin yurik asid ya kai 8.9. Yana so ya san ko wace cuta ce wannan, kuma ko barin cin nama zai raba shi da ita.

Wa alaikumus salam, Alhaji. Allah ya ƙara sauƙi, ya sa kaffara ne. Ba a yanke hukunci kan cuta daga nesa, sai likita ya ga ƙafar da idonsa ya kuma taɓa ta, amma abin da ka zayyana ya yi daidai ƙwarai da cutar da likitoci ke kira gawut, wadda Larabawa ke kira niƙris. Tsohuwar cuta ce da aka daɗe da sani, domin likitocin Girka na zamanin da sun siffanta ta, kuma Abubakar ar-Razi, wanda ya rasu wajen shekarar 925, ya rubuta maƙala guda a kanta. A 1683 wani likitan Ingila mai suna Thomas Sydenham, wanda shi kansa ya sha fama da ita shekaru masu yawa, ya rubuta cewa mutum yakan kwanta lafiya lau, sai wajen ƙarfe biyun dare zafi ya tashe shi a babban yatsa. Ka ga har lokacin da ya ambata shi ne naka. A ƙasarmu yawanci akan cusa ta cikin sanyin ƙashi ko amosanin gaɓɓai, kuma wannan haɗin gambiza yana cutar da masu ita, saboda gawut tana da sanadi guda da aka sani sarai, tana kuma da maganin da ke kawar da wannan sanadi.

Tushen al'amarin shi ne yurik asid ɗin nan da aka auna maka. Kullum jikin ɗan Adam yana rushe tsofaffin ƙwayoyin halittarsa yana gina sababbi, kuma a cikin wannan aiki akwai wani sinadari da ake kira fiyurin, wanda idan ya narke yakan koma yurik asid. Mafi yawansa jiki ne da kansa ke samar da shi, abin da ke shigowa ta abinci kaso ne kaɗan. Akasarin dabbobi suna da abin da ke ƙara narkar da shi ya fita cikin sauƙi, amma ɗan Adam ba shi da shi, don haka dole sai ƙoda ta tace wajen kashi biyu cikin uku ta fitar ta fitsari, saura kuma ya bi ta hanji. Jini yana da iyakar abin da zai iya riƙewa a narke, wato wajen miligiram 6.8 a kowace desilita. Idan aka wuce wannan iyaka aka daɗe a haka, sai abin ya fara daskarewa, kamar yadda sukari ke kwanciya a gindin kofi idan ya fi ƙarfin shayin da aka zuba shi a ciki. Abin da ke daskarewar wasu 'yan mitsi-mitsin ƙwayoyin gishiri ne masu tsini kamar allura, waɗanda ido ba ya gani sai da madubin likita, kuma a cikin gaɓɓai da kewayensu suke taruwa. Sukan yi shekaru suna kwance babu wanda ya san da su, sai ranar da wani abu ya motsa su, garkuwar jiki ta ɗauke su a matsayin baƙi ta far musu da yaƙi. Wannan yaƙin shi ne kumburi da ja da raɗaɗin da ka ji. Tun 1848 wani likita a Landan mai suna Alfred Garrod ya nuna cewa jinin masu wannan cuta yana ɗauke da yurik asid fiye da kima, sannan a 1961 aka tabbatar da samun ƙwayoyin a cikin ruwan gaɓar da ta kumbura.

Dalilin da ya sa babban yatsa ya fi shan wahala kuwa, shi ne yana cikin gaɓɓan da suka fi nisa da zuciya kuma suka fi sanyi, gishirin nan kuma ya fi saurin daskarewa a wuri mai sanyi. Ga shi kuma gaɓa ce da ke ɗaukar nauyin jiki a kowane taku, don haka tana yawan samun 'yar gogayya da ke ba ƙwayoyin wurin maƙalewa. Da dare idan mutum ya kwanta, ruwan da ya taru a gaɓar da rana yana komawa cikin jini da sauri fiye da yurik asid, sai abin da ya rage ya yi kauri. Wajen rabin masu cutar ta wannan yatsa take fara musu, amma tana kama idon sawu, da tsakiyar ƙafa, da gwiwa, da wuyan hannu, da gwiwar hannu.

Yanzu sai mu zo kan abin da ya ɗaga maka yurik asid, kuma a nan nake so ka ba ni hankalinka, domin mutane da yawa nama kawai suke ɗora wa laifi. A cikin mutum goma masu wannan matsala, wajen tara matsalarsu ita ce ƙoda ba ta fitar da shi yadda ya kamata, kuma gado yana da hannu babba a cikin wannan. Shi ya sa za ka ga mutum biyu suna cin tsire a faranti ɗaya shekara da shekaru, ɗaya ya kamu ɗaya bai kamu ba. Maza sun fi kamuwa, mata kuma ba su cika samunta ba sai bayan jinin al'ada ya ɗauke. Ƙiba, da hawan jini, da ciwon suga, da raunin ƙoda duk suna tafiya tare da ita. Abin da ya fi jan hankalina a wasiƙarka shi ne maganin hawan jinin da ka ce kana sha, domin magungunan da ke sa yawan fitsari, irin su Moduretic da Lasix da danginsu, suna hana ƙoda fitar da yurik asid, kuma ana yawan rubuta su a asibitocinmu saboda suna aiki kuma suna da sauƙin kuɗi. Haka ma ƙaramin asfirin da ake ba masu ciwon zuciya, da firazinamid da ke cikin haɗin maganin tarin fuka. Kada ka daina maganin hawan jininka da kanka, domin shanyewar ɓarin jiki ta fi ciwon yatsa haɗari nesa ba kusa ba. Ka kai wa likita kwalin maganin ya duba, idan yana cikin waɗannan to akwai wasu kamar losatan da amlodifin da ke saukar da hawan jini ba tare da ɗaga yurik asid ba, losatan ma yana ɗan rage shi.

Wannan ba ya nufin naman layya ba shi da hannu. Kayan ciki, wato hanta da ƙoda da zuciya da sauransu, suna cikin abincin da ya fi kowane yawan fiyurin, kuma su ake fara soyawa ranar Sallah. Idan aka haɗa su da farfesu da soyayyen nama kwana biyu ko uku a jere, ga lemon kwalba, ga zafin rana da ƙarancin shan ruwa, ga zirga-zirgar yawon Sallah, to an tara duk abin da ke tayar da ciwon. Sai dai naman ya tarar da ƙwayoyin gishirin ne a kwance a yatsanka, ya motsa su kawai, ba a kwana biyun nan suka taru ba.

Akwai gargaɗi guda da ba zan tsallake ba. Gaɓar da ƙwayar cuta ta shiga ta yi ruwa tana iya kama da gawut sak, ga ja, ga zafi, ga kumburi, kuma tana iya lalata gaɓa cikin 'yan kwanaki ko ta shiga jini ta yi kisa. Saboda haka idan kumburin ya zo da zazzaɓi mai zafi da rawar sanyi, ko akwai rauni ko gyambo a kusa da wurin, ko jan yana hawa sama zuwa ƙauri, ko mai ciwon yana da ciwon suga ko sikila, to asibiti za a nufa a ranar, ko da kuwa an san mutumin da gawut tun da. Ina kuma roƙonka kada ka bari a kai ƙafar nan wurin mai ɗori. Masu ɗori suna da nasu fagen, amma wannan ba targaɗe ba ne, ja da murza gaɓar da ke cike da ƙwayoyi masu tsini ƙara rura wutar ne. Tsaga da sakiya sun fi muni, domin suna buɗe wa ƙwayar cuta ƙofa. Na taɓa ganin wani dattijo da aka yi wa sakiya a irin wannan kumburi, abin da zai lafa cikin mako guda ya koma gyambon da ya yi watanni ana wankewa, kuma har yau abin yana damuna idan na tuna, domin da ƙwayar magani kaɗan da an raba shi da wannan wahala.

Hanyar da ta fi tabbatar da cutar ita ce a zuƙo ɗan ruwan gaɓar da allura a duba shi a madubin likita a ga ƙwayoyin, amma ba kowane asibiti ke da kayan yin haka ba, don haka galibi likita yakan dogara da labarin ciwon, da abin da ya gani, da awon jini. Shi awon jinin yana iya yaudara, saboda a tsakiyar ciwo yakan sauka ya nuna kamar lafiya lau, shi ya sa ake so a maimaita shi aƙalla mako biyu bayan ciwon ya lafa. Haka kuma akwai mutane da yawa da yurik asid ɗinsu ya hau amma ba su taɓa jin ciwon gaɓa ba, waɗannan ba a ce suna da gawut ba, kuma galibi ba a ɗora su a kan magani.

Maganin cutar kashi biyu ne, kuma rashin bambance su shi ne babban abin da ke hana mutane warkewa. Kashi na farko shi ne na kashe wutar idan ta tashi, kuma gwargwadon saurin fara shi gwargwadon amfaninsa, an fi so a fara cikin awa 24 na farko. Akwai magungunan kashe kumburi irin su nafroksin da ibufurofen da diklofenak. Akwai kolcisin, wanda ake samu daga wani tsiro da likitocin zamanin da suka sani da sunan suranjan. Akwai kuma firednisolon, wanda akan bayar na wajen kwana biyar. Likita ne ke zaɓa bisa yanayin ƙodar mutum da cikinsa da zuciyarsa da sugansa. Kolcisin kaɗan ake sha, yawanci rabin miligiram sau biyu ko uku a rana, domin tazarar da ke tsakanin adadin da ke magani da wanda ke zama guba ƙanƙanuwa ce, alamar farko ta wuce kima ita ce gudawa da amai, kuma ba a haɗa shi da wasu magunguna irin su kilaritromaisin, wani maganin kashe ƙwayoyin cuta. Tare da magani sai a huta da ƙafar, a ɗaga ta a kan matashi, a naɗe ƙanƙara a tsumma a ɗora na wajen minti 20, a kuma yawaita shan ruwa. Kada a sha asfirin da sunan kashe wannan zafi.

Game da abin da kake saya a kemis, dole in faɗa maka gaskiya. Diklofenak da danginsa suna kashe zafi da gaske, amma ga mai shekara 54 da hawan jini, yawan shansu yana ɗaga hawan jinin, yana jawo gyambon ciki da zubar jini a ciki, yana kuma cin ƙoda a hankali ba tare da wata alama ba. Idan ƙoda ta yi rauni sai yurik asid ya ƙara hawa, ciwon ya ƙara yawan dawowa, mutum ya ƙara shan ƙwayar, haka abin zai yi ta zagayawa. Haɗin ƙwayoyin nan da ake ƙullawa a leda babu suna ya fi haɗari, domin sau da yawa akwai irin waɗannan magunguna biyu ko uku a ciki, wani lokaci har da dangin firednisolon.

Ka lura da cewa ko ba a sha komai ba, ciwon yakan lafa da kansa cikin mako ɗaya zuwa biyu, wani lokaci fatar wurin ta yi saɓa. Wannan ne ya sa duk abin da mutum ya sha ko ya shafa a kwanakin ƙarshe shi yake ɗauka ya warkar da shi. Amma ƙwayoyin gishirin suna nan inda suke, suna ma ƙaruwa muddin awon jinin yana sama da iyaka. Idan aka bar su, tazarar da ke tsakanin tashin ciwon takan riƙa raguwa, ya riƙa daɗewa, ya bazu zuwa wasu gaɓɓai. Bayan shekaru sai wasu ƙulluttai masu tauri su fito a yatsu da gwiwar hannu da gefen kunne da agara, waɗanda idan suka fashe wani farin abu kamar alli ke fita, ƙashin gaɓar kuma ya zaizaye. Wasu kuma tsakuwar ƙoda ke biyo baya.

Kashi na biyu na magani shi ne wanda ke hana duk wannan, kuma shi ne nake ganin kana bukata. Ƙa'idar likitoci ita ce duk wanda ciwon ya tasar masa sau biyu ko fiye a shekara, ko yake da ƙulluttan nan, ko hoton ƙashi ya nuna zaizaya, a ɗora shi a kan maganin rage yurik asid, kuma akan duba yiwuwar haka tun da wuri ga mai raunin ƙoda ko tsakuwa. Maganin da ake farawa da shi shi ne alofurinol, wanda aka fi sani da sunan Zyloric, ana amfani da shi tun shekarun 1960, kuma aikinsa shi ne rage yawan yurik asid ɗin da jiki ke samarwa. Akan fara da miligiram 100 a rana, ko 50 ga mai raunin ƙoda, sai a riƙa auna jini ana ƙarawa kaɗan-kaɗan bayan kowane mako biyu zuwa biyar, har awon ya sauka ƙasa da 6. Idan ɗakin gwajin da ka je da ɗaya ma'aunin yake aiki, to ƙasa da 360 ke nan, ko 0.36. Wannan lamba ita ce abin nema, domin a ƙasa da ita ne jini ke komawa yana narkar da ƙwayoyin da suka taru, har a wayi gari babu sauran abin da zai tayar da ciwo. Mutane da yawa sai an wuce miligiram 300 kafin su kai wurin, don haka barin mutum a kan 100 shekara da shekaru ba tare da awo ba bai wadatar ba. Wanda alofurinol bai karɓe shi ba akwai febuzostat, sai dai ana taka-tsantsan da shi ga mai ciwon zuciya.

A watannin farko ciwon yana iya tashi fiye da da, saboda ƙwayoyin da suka fara narkewa suna motsi. A nan ne da yawa ke cewa maganin bai karɓe su ba su watsar da shi, alhali alama ce ta cewa ya fara aiki. Saboda haka ne ake haɗa shi da ɗan ƙaramin kolcisin na wata uku zuwa shida, kuma idan ciwon ya tashi ba a dakatar da alofurinol, ana ci gaba da shi ne a ƙara maganin kashe wuta a kai. Shi kansa ba ya kashe zafi, don haka shansa sai ranar da ciwo ya tashi ba shi da amfani. Ga yawancin mutane magani ne na dindindin kamar na hawan jini, idan aka daina yurik asid yakan koma inda yake cikin 'yan makonni. Wani bincike da aka yi a Nottingham ta Ingila, aka wallafa a 2018, ya nuna cewa da ma'aikatan jinya suka zauna suka yi wa masu cutar cikakken bayani suna kuma bin awon jininsu, kashi 95 cikin 100 sun kai lambar da ake nema bayan shekara biyu, alhali a cikin waɗanda aka bari a kan kulawar da aka saba kashi 30 ne kawai suka kai. Maganin iri ɗaya ne, bambancin yana wajen fahimta da bibiya, kuma shi ya sa na tsawaita maka wannan bayani.

Abu guda da za ka kiyaye game da alofurinol shi ne ƙuraje. Idan ka ga ƙuraje ko jan fata, musamman tare da zazzaɓi, ko ciwon baki, ko jan ido, a makonni ko watannin farko, ka daina shi nan take ka tafi asibiti, domin ko da yake ba kasafai ake samun haka ba, yana iya zama mummunan saɓar fata mai barazana ga rai. Fara shi da kaɗan yana rage wannan haɗari. Ka kuma sanar da likita duk wani maganin da kake sha, har da na gargajiya.

Amsar tambayarka kan nama ke nan: barinsa gaba ɗaya ba zai warkar da kai ba, domin ko an tsananta kiyaye abinci abin da yake ragewa bai cika wuce miligiram 1 ba, kai kuma daga 8.9 kake son sauka ƙasa da 6. Duk da haka gyaran abinci yana rage yawan tashin ciwon, yana kuma taimakon hawan jininka. Ka nisanci kayan ciki da romonsu, ka rage jan nama da kilishi da kifin gwangwani, ka bar lemon kwalba da zoɓo ko kunun da aka cika wa sukari, domin sukarin da ke cikinsu yana ɗaga yurik asid. Giya kowace iri tana cikin manyan masu tayar da ciwon, ga wanda yake sha. Wake kuwa, da ƙosai da alale, da ganye irin su zogale da alayyahu, ba sai ka guje su ba. Wani babban bincike da aka bi maza sama da 47,000 a Amurka tsawon shekara 12, aka wallafa a 2004, ya samu cewa nama da abincin teku suna ƙara haɗarin cutar, kayan lambu masu fiyurin ba sa ƙarawa, madara da danginta kuma suna ragewa. Don haka nono da kindirmo marasa yawan sukari abokan tafiyarka ne. Idan akwai teɓa a rage ta sannu a hankali, domin ramewa ta gaggawa ita ma tana tayar da ciwon.

Idan azumi ya zo, alofurinol sau ɗaya ake sha a rana, don haka ana iya mayar da shi lokacin buɗa-baki ko sahur, sai ka rarraba shan ruwa tsakanin magariba da asuba, kada kuma a buɗe baki da lemon kwalba da soyayyen nama kullum. A kwanakin da yatsan ya kumbura har ba ka iya lanƙwasa shi a sujada ko zaman tahiyya, malamai sun yi bayanin sauƙin da aka yi wa marar lafiya na yin salla gwargwadon iko, kada ka tilasta wa gaɓar.

Abin da nake ba ka shawara ka yi a wannan mako shi ne ka je wurin likita da takardar awon nan da kwalayen duk magungunan da kake sha, har da na kemis ɗin. Ka nemi a duba lafiyar ƙodarka da sugan jininka da kitsen jini, a sake duba maganin hawan jinin, a tattauna fara alofurinol, a kuma ba ka maganin kashe wuta da ya dace da jikinka ka ajiye a gida saboda dare. Ka samu ɗan littafi ka riƙa rubuta ranar kowane awo da lambar da aka samu da adadin maganin da kake sha, ka riƙa zuwa da shi duk ranar ganin likita, kuma bayan lambar ta sauka ƙasa da 6 ta zauna, awo sau ɗaya ko biyu a shekara ya isa. Allah ya ba ka lafiya mai ɗorewa.